Tambaya da Amsa: Bakaniken da Ya Sa Kwaɗi Mulki

TAMBAYA

  Ni matashi ne, sana'ata gyaran waya a Kano. Na jima ina ɗaukar ƙananan finafinai da wayata, ni da abokaina, na minti biyar zuwa goma. Kwanaki na kai ɗaya wurin wani furodusa, ya kalla ya ce ba laifi, amma wai wannan ba fim ba ne, talla ce. Ya ce in ina so a san da ni, in nemi masu fim mai dogon zango in bi su, ko da riƙon fitila ne. To sai wani abokin cinikina, mutumin Maraɗi, ya ce min a ƙasarsu an yi wani bakanike da ya yi suna a duniya da gajerun finafinai, har da na kwaɗi. Malam, da gaske ne? Wane ne shi, yaya salon aikinsa yake, kuma da me ya ci abinci? Ina so in san ko in ci gaba ko in haƙura.

Naka, mai karatu daga Kano.

AMSA

 Mutumin Maraɗi bai yi maka ƙarya ba. Sunan wanda yake nufi Moustapha Alassane, an haife shi a 1942, ya rasu a Wagadugu a watan Maris na 2015. Ya daɗe yana zaune a Tawa, cikin ƙasar Adar, ka ga kuwa ba wani baƙo ba ne daga uwa duniya. Abin da ke damuna shi ne, ɗalibin fim a Faransa ko Amurka zai iya kawo maka sunayen finafinansa, amma mu da muke maƙwabtaka da shi sai an yi mana bayani. A 2017 babban gidan adana kayan fasahar zamani na birnin New York, wanda ake kira MoMA, ya ware kwanaki yana nuna ayyukansa. Don haka tambayarka ta zo daidai, kuma zan ɗan tsawaita.

Tun yana yaro, kafin ya taɓa riƙe kyamara, yana tara yaran unguwa da dare yana yi musu wasan inuwa. Ya yanka siffofin mutane da dabbobi a kwali, ya sa fitila a baya, inuwa ta faɗa jikin ƙyalle ko bango. Daga nan ya haɗa akwati da fitila ya mai da shi majigi, yana zane a kan takarda mai shara-shara yana haskawa. Ka riƙe wannan, domin duk abin da ya yi daga baya daga nan ya tsiro. Da ya girma ya koyi kanikanci, ga shi kuma gwanin zane. Zanen ne ya kai shi cibiyar bincike ta Yamai, inda ya haɗu da Jean Rouch, Bafaranshen nan mai finafinan al'adu wanda ya shafe shekaru yana aiki a bakin kogin Kwara. A wurin ne ya sami kyamara mai fim ɗin milimita 16 a hannunsa, ya koyi ɗauka da tacewa.

Sai ka san irin zamanin da ake ciki kafin ka gane nauyin abin. Tun 1934 Faransa ta kafa dokar da ake kira dokar Laval, wadda ta hana ɗaukar fim a ƙasashen da take mulka a Afirka sai da izinin hukuma, kuma a aikace ɗan ƙasa ba ya samun wannan izini. Shi ya sa da Paulin Vieyra da abokansa 'yan Afirka suka so yin fim a 1955, sai a birnin Paris suka ɗauke shi. Nijar ta sami 'yancin kai ranar 3 ga Agustan 1960. A 1962, yana ɗan shekara ashirin, Alassane ya fitar da Aouré, wato Aure, fim na kusan rabin awa a kan neman aure da biki a wani ƙauyen Zabarmawa a bakin kogi. Borom Sarret na Ousmane Sembène, wanda littattafai da dama ke kafa tarihin fim ɗin Afirka ta Yamma a kansa, sai a 1963 ya fito, shi ma kuma gajere ne, kusan minti ashirin. Wato harsashin fim na yankinmu gaba ɗaya da gajeren fim aka zuba shi.

Aure fim ne mai natsuwa, rabi wasa rabi nuna al'ada, kuma ana ganin hannun makarantar Rouch a cikinsa. A ganina ba a nan Alassane ya zama kansa ba. Ya zama kansa ne bayan ya je Kanada, hukumar finafinai ta ƙasar da ke Montreal, ya zauna da Norman McLaren, mutumin da ya shahara da zane kai tsaye a jikin faifan fim ba tare da kyamara ba. Abin da McLaren ya tabbatar masa shi ne abin da ya riga ya sani tun yana wasan inuwa: zane mai motsi ba ya buƙatar kamfani mai ɗaruruwan ma'aikata, mutum ɗaya mai haƙuri zai iya. A 1965 ya gama La Mort de Gandji, wato Mutuwar Gandji, labarin wani sarkin kwaɗi da fadawansa. Ana yawan ambatarsa cikin finafinan zane na farko-farko da aka yi a Afirka kudu da Sahara, kuma ya karɓi kyauta a bikin fasahar baƙar fata na duniya da aka yi a Dakar a 1966.

Yanzu mu zo kan kwaɗin da ka tambaya, don nan ne salon yake. A 1966 ya yi Bon Voyage Sim, wato A Sauka Lafiya Sim. Minti biyar ne kacal, baƙin layi a kan farar takarda, ba launi, ba ado. Sim shugaban ƙasar kwaɗi ne. An gayyace shi ziyarar aiki a ƙasar maƙwabta, ya hau jirgi, aka tarbe shi da fareti da bushe-bushe da duk wata hidima da ake yi wa shugabanni, ya dawo gida. Labarin ke nan. Ba wanda ya zagi kowa. Amma ka tuna shekara shida ke nan da samun 'yancin kai, sababbin shugabannin Afirka na ta zirga-zirgar ziyartar juna, rediyo na ta karanto jerin waɗanda suka je filin jirgi tarba, talaka kuwa yana inda yake. Duk wanda ya ga kwaɗo mai tumbi yana duba faretin girmamawa ya san inda aka dosa. Kuma ba jami'in da zai iya fitowa ya ce da maigidansa ake, don in ya faɗa, shi ne ya kira shugaba kwaɗo.

Wannan hikimar ba daga Kanada ya kwaso ta ba. Ta tatsuniya ce, inda ake ɗora wa Gizo da kura da zaki halayen mutanen da ba a iya faɗa wa magana ido da ido. Alassane ya ɗauki wannan tsohuwar dabara ya sa mata injin majigi. Ka lura kuma da dabbar da ya zaɓa. Bai ɗauki zaki ba, wanda ko ana yi masa ba'a yana da kwarjini. Ya ɗauki kwaɗo, mai kumburin wuya da yawan ƙara, wanda damina ɗaya ke fito da shi. Kuma kwaɗo yana da sauƙin zane: da'ira biyu, idanu, ƙafafu. Ga mutumin da shi kaɗai zai zana kowane hoto, wannan ba ƙaramin lissafi ba ne. Fim yana tafiya ne da hoto 24 a kowace daƙiƙa. Ko da mai zane ya rage wahala ya riƙa ɗaukar kowane zane sau biyu, yana buƙatar 12 a daƙiƙa, wato minti biyar na motsi ba tsayawa zai ci hoto 3,600. Idan ka fahimci wannan, za ka daina ganin sauƙin layinsa a matsayin gazawa. Ya zaɓi siffar da hannunsa zai iya maimaitawa sau dubbai, kuma siffar ta zo daidai da abin da yake son faɗa. Abin da nake kira salo ke nan: a rasa gane inda ƙarancin kayan aiki ya tsaya da inda niyya ta fara.

A wannan shekarar dai, 1966, ya yi fim ɗin da aka fi saninsa da shi, Le Retour d'un aventurier, wato Dawowar Ɗan Yawon Duniya, da mutane na gaske, tsawonsa ɗan fiye da rabin awa. Wani saurayi mai suna Jimmy ya dawo ƙauyensu daga Amurka da akwati cike da tsaraba: malafunan kaboyi, takalma, ɗamara da bindigogi. Ya raba wa abokansa, kowa ya zaɓi sabon suna irin na fim, wannan Black Cooper, wancan Casse-Tout, budurwar cikinsu kuma Sarauniya Christine. Suka sami dawaki, suka shiga sukuwa a daji har suna kora raƙuman dawa, suna caca, suna faɗa a mashaya, suna kwasar dabbobin mutane. Dattawan gari suka rasa yadda za su yi da 'ya'yan da suka haifa. Wasa ya ci gaba har ya daina zama wasa, aka zubar da jini a tsakaninsu.

Me ya kawo kaboyi Nijar? A lokacin, gidajen sinima na ƙasashen renon Faransa kusan duk suna hannun kamfanoni biyu na Turawa, COMACICO da SECMA, kuma abin da suke kawowa shi ne finafinan kaboyi da na Indiya da makamantansu. Samarin Yamai sun haddace tafiyar jaruman Amurka da yadda suke zare bindiga. Wani daraktan da sai ya yi fim na wa'azi, dattijo ya zauna ya yi jawabi a kan lalacewar tarbiyya. Alassane bai yi haka ba. Ya yi fim ɗin kaboyi na sosai, da sukuwa da kiɗa da ƙura, wanda ɗan kallo zai ji daɗinsa, sannan a cikin jin daɗin ya ga abin da kwaikwayo ke jawowa in an shigo da shi garin da ke da sarki da liman da iyaye. Yana son finafinan nan kamar yadda yaran suke son su, shi ya sa bai raina yaran ba. Ina ganin mu da muka shafe shekaru muna gardama a kan rawa da waƙar Indiya a finafinan Hausa, da mun kalli wannan fim da gardamar ta fi haka ma'ana, domin ya nuna ana iya aron riga a kuma yi magana a kan aron a lokaci guda.

Fim ɗin ya kuma fitar da mutane. Zalika Souley, wadda ta fito a Sarauniya Christine, ta zama fitacciyar 'yar wasan Nijar ta farko, kuma ta sha tsangwama daga jama'ar da ba su bambance wasa da halin mutum ba. Rahmatou Keïta ta yi fim a kan rayuwarta mai suna Al'lèèssi. Djingarey Maïga, wanda ya fito a Black Cooper, ya zama darakta mai zaman kansa. Gajeren fim ɗaya ya yi wannan.

Ya yi dogaye ma. A 1972 ya fitar da F.V.V.A., haruffan farko na kalmomin Faransanci huɗu: mace, gida, mota, kuɗi, wato burin ƙaramin ma'aikacin gwamnati da yadda burin ke kai shi ga taɓa dukiyar ofis. Bayansa ya yi Toula tare da wata Bajamushiya, Anna Soehring, daga labarin marubuci Boubou Hama a kan fari da sadaukar da budurwa ga aljanin ruwa. To ga abin da nake so ka lura da shi, don shi ne amsar furodusanka. Bayan ya nuna zai iya dogon fim, sai ya koma gajere da ƙafarsa. A 1977 ya yi Samba le grand da 'yan tsana, kusan kwata na awa, labarin jarumin da gimbiya ke ta ɗora wa sharuɗɗa kafin aure. Da gajeren fim matakala ce kawai ta hawa zuwa dogo, da bai sauko ba.

Wanda na fi so duk cikin ayyukansa shi ne Kokoa, wato Kokowa, wanda aka fi sani da fitowar 2001. 'Yan tsana ne ya ɗinka da hannunsa, yana motsa su kaɗan-kaɗan yana ɗauka hoto ɗaya bayan ɗaya. Fili ne na kokowar gargajiya, 'yan kallo kwaɗi, makaɗa kwaɗi, 'yan kokowa har da hawainiya, alƙalin wasa kuma ƙaguwa. Kokowa ita ce babban wasan Nijar, kuma gasar takobi ta ƙasa a Tawa aka fara ta a 1975, garin da ya zauna. Duk wanda ya taɓa tsayawa a fagen kokowa zai gane komai: taƙamar shigowa fili, zagayen neman kamu, ihun 'yan kallo in an ɗaga mutum sama. Ana ganin ɗinkin 'yan tsanar, motsinsu yana da ɗan tsalle-tsalle, bai ɓoye ba. Amma nauyin jiki da yadda ɗan kokowa ke dafa ƙasa da ƙafa kafin ya kai hannu, wannan ya kama shi daidai, domin ya kalli abin da idon wanda ya sani. Masu kwamfuta da kuɗi za su fi shi santsin hoto, amma ba su da wannan kallon.

Kada in yi maka zuƙi-ta-malle, akwai rauni a aikinsa. Sautin wasu finafinan na farko ba shi da kyau, an ɗora murya daga baya kuma ana ji. Wani lokaci labari yakan yanke ba shiri. Sannan kalmar "mai zaman kansa" tana buƙatar gyara in ana maganar mutanen zamaninsa. A lokacin ba wurin wanke fim a Nijar, sai an aika Faransa a jira. Kuɗin aiki sau da yawa daga hukumomin Faransa ko gidajen talabijin na Turai yake fitowa, shi ya sa Faransanci ya yi yawa a ayyukan da aka yi don mutanen da akasarinsu Hausa da Zabarmanci suke ji. Wannan ya rage masa 'yan kallo a gida, kuma hasara ce ta gaske. 'Yancinsa yana wurin da ya fi muhimmanci: ba wanda ya zaɓa masa labari, ba wanda ya ce masa kwaɗo ba ya sayuwa.

Ka tambayi da me ya ci abinci. Ba da gajeren fim ba, kuma ba zan ruɗe ka ba. Ya shugabanci sashen fim na Jami'ar Yamai shekara goma sha biyar. A Tawa ya riƙe otal, ya mai da wani ɓangarensa ɗakin aiki inda yake ɗinka 'yan tsana, yake gyara kayan ɗauka, yake koya wa yara, har da tsufansa ya koyi zane da kwamfuta. Ya kuma riƙa loda majigi a mota yana kai kallo garuruwan da ba su da sinima. Faransa ta ba shi lambar girma ta Légion d'honneur a bikin Cannes na 2007, amma lambar girma ba ta cefane. Abin da ya riƙe shi sana'a ce a gefe, da kuma iya gyara kayansa da kansa. Kai da kake buɗe cikin waya kullum, ka fi yawancin masu sha'awar fim kusa da wannan hanya. Shagonka shi ne otal ɗinka, kada ka rufe shi.

Game da maganar furodusa, rabinta gaskiya ce. Kasuwar Kano a yau ta mai dogon zango ce, don YouTube da tashoshin talabijin suna biyan abin da ke dawo da mai kallo kowane mako. In ka sami dama ka bi su ka riƙe fitilar, ka riƙe, za ka koyi haske da tsarin aiki da yadda ake tafiyar da mutane ashirin a wurin ɗauka. Inda ya kuskure shi ne cewa gajere ba fim ba ne. Masu kyautar Oscar suna da rukuni na musamman ga fim ɗin da bai wuce minti 40 ba. Bikin FESPACO na Wagadugu, wanda aka fara a 1969 kuma ake yi duk shekara biyu, yana da kyautarsa ta gajeren fim. A Clermont-Ferrand ta Faransa akwai babban biki da ba a nuna komai sai gajeru. A gida ma akwai AFRIFF a Legas da Zuma a Abuja.

Shawarata ita ce ka ci gaba, amma da sharaɗi. Ka duba finafinan da ka riga ka ɗauka ka tambayi kanka da gaske: labarin minti bakwai ne, ko kuwa labarin awa biyu ne ka matse don ba kuɗi? Yawancin gajerun finafinan matasanmu na biyun ne, shi ya sa suke kama da talla, kuma wataƙila abin da furodusan ya gani ke nan. Ziyarar Sim ba ta buƙatar minti na shida. Ka nemi abu ɗaya da ka sani fiye da kowa, kamar yadda Alassane ya san fagen kokowa. Kana zaune a inda mutane ke miƙo maka wayoyinsu cike da sirrinsu, suna tsaye a kanka suna zullumin abin da za ka gani. Ban san darakta a Kano da ya fi ka sanin wannan tsayuwar ba.

Sannan ka kashe kuɗinka na farko a kan sauti, ba kyamara ba. Wayarka ta fi abin da Alassane ya yi Aure da shi sauƙin sarrafawa nesa ba kusa ba, amma makirufonta ba zai raba muryar ɗan wasa da ƙarar janareto ba, kuma alƙalan biki sukan yafe hoto mai rauni su ƙi yafe maganar da ba a ji. Ka yi fim ɗinka da Hausa tsantsa yadda ake yin ta a bakin shagonka, sannan ka nemi wanda ya iya ya sa maka fassarar Turanci a ƙasa. In kana nufin Wagadugu, ka ƙara da ta Faransanci, kuma ka fara neman mai fassarar tun kafin ka gama tacewa, domin ana rufe karɓar finafinai watanni kafin bikin.